Akwatunan da Suka Daina Kuka

Litinin, 6 ga Afrilu

Zafi yau kamar an kifa wa garin tukunya. Fankar shago tana juyawa ne kawai don kar a ce ba ta yi ba.

Umma ta sake tambayata da safe, wai har yanzu ba ta gane aikin da nake yi ba, ta rasa abin da za ta ce wa ƙawayenta. Na sake yi mata bayani ina ɗaura ɗankwali. Muna haɗa 'yan akwatuna ne, girman sabulun wanka, da ake mannawa a jikin firijin magani. Kowane yana da 'yar siririyar waya da ake zurawa cikin firijin, ita ke jin sanyi. Lamba ta fito a fuskarsa. In firiji ya yi ɗumi har lambar ta wuce takwas, sai akwatin ya fasa kuka, ya kuma ajiye a cikinsa cewa ran kaza firijin nan ya yi ɗumi. Amma akwatin ba shi da wayon kansa. Duk wayonsa a katin memori yake, ni ce kuma mai zuba wayon.

Ta ce, "To ki ce malamar akwatuna ce ke."

Ban gaya mata fayil ɗin da nake zubawa hoto muke ce masa ba. Wancan karon da na faɗa, cewa ta yi in nuna mata ta ga ko ya yi kyau.

Aikin dai ba wuya. In sa kati a rida, 'yar na'urar da ke haɗa shi da kwamfuta, in buɗe manhajar filashin, wato ta zuba hoto a kati, in zaɓi hoton, in zaɓi katin, in danna rubuta. Ta tambaye ni ko na tabbata, don duk abin da ke katin zai goge. In ce e. Layi ya cika, ta koma ta tantance abin da ta rubuta, ya zama kore. In zare in miƙa wa Dogo, abokin aikina. Shi ke sawa a akwati ya gwada: ya damƙe 'yar wayar a tafin hannu har ɗumin jikinsa ya sa akwatin kuka. Wuni muke yi cikin kukan nan.

Da yamma Oga ya shigo baki har kunne. Babban dilan magungunan nan da ke raba wa kusan duk kyamis na gari ya ba mu aiki. Sababbin akwatuna, sannan a canja katunan tsofaffin da muka riga muka sa. Wai suna da nasu hoton.

Dogo ya ce, "Nasu? Mai sayar da magani ya fara rubuta manhaja?"

Oga bai ji ba. Ko ya ji.

Laraba, 8 ga Afrilu

Mutumin dilan ya zo. Turarensa ya riga shi shigowa, shi ya sa Dogo ya raɗa masa Mai Turare tun bai zauna ba. Fari tas kayansa, a wannan zafin ko gumi babu. Mai ladabi ne ƙwarai, Malama yake ce mini.

Hoton yana cikin wani filashi da ya rataya a wuya, cikin riga. Da kansa ya jona, da kansa ya kwafa a kwamfutata. Sunan fayil ɗin kusan ɗaya da namu, harafi ɗaya aka ƙara a ƙarshe. Na tambaye shi dogayen lambobin nan da ake haɗo kowane hoto da su, don a gwada a ga ba a taɓa shi a hanya ba. Ya yi murmushi, ya ce ai shi ne lambar.

Na dubi Oga. Ya ce, "Ke rubuta kawai."

Ya jawo kujera ya zauna daf da kafaɗata har aka tashi. Da zai tafi ya goge fayil ɗin ya maida filashinsa cikin riga. Namu hoton ma ya sa Oga ya cire daga kwamfutar, wai kar a samu ruɗani.

Alhamis, 9 ga Afrilu

Kaina na ciwo. Turaren ne.

Asabar, 11 ga Afrilu

Sai yau na gane abin da ke damuna da shagon: shiru. Mai Turare ya ce ba sai an yi gwajin hannu ba, sun riga sun gwada a wajensu, lokaci ake ɓatawa. Dogo yanzu sa kati kawai yake ya ɗaure kusa ya jera a kwali. Ni kuma ina manna takardar kwanan wata a gefe da rubutun hannuna.

Da nakan yi ƙorafin kukan nan kullum. Yau sai na samu kaina ina kasa kunne.

Umma lafiya lau. Na yi mata allurar suga ta yamma, tana ba ni labarin rigimar maƙwabta a kan igiyar shanya. Kwalbar ta kusa ƙarewa, sati mai zuwa sai na saya.

Talata, 14 ga Afrilu

Ban san yadda zan rubuta wannan ba.

An kira Mai Turare a waya, ya fita bakin titi. Dogo ya ɗauki akwati ɗaya daga kwalin da aka gama, ya kunna, ya damƙe wayar a hannu. Huɗu. Biyar. Muna jira. Biyar. Ya canja hannu. Ya sa a hammata, har na so in yi dariya. Biyar.

Sai ya jawo kofin shayinsa, yana tururi, ya tsoma wayar a ciki.

Lambar ta ɗan motsa zuwa shida, kamar mai jin kunya, ta dawo biyar. Ba kuka.

Ya dube ni na dube shi. Na ce ƙila wannan ɗin ne ya lalace. Ya ɗauki wani. Haka. Ya ce a hankali, "Ƙanwata, wannan ba lalacewa ba ce. Koya masa aka yi."

Muka ji ƙanshi, ya maida akwatin, ya goge wayar a wandonsa. Ni kuwa na ci gaba da danna e, e, e har aka tashi. Duk kore suka fito. Manhajar ba ƙarya take ba, abin da aka ba ta shi ta rubuta, ba ta rage ko ɗigo ba.

Laraba, 15 ga Afrilu

Dogo ya shiga ofishin Oga ya rufe ƙofa. Ƙofar falanki ce, amma ba komai na ji ba. "Allurar jarirai fa, Oga." Sai muryar Oga ƙasa-ƙasa. Sai Dogo kuma: "To ni ban da hannuna."

Da ya fito ya tsaya a kaina, kamar yana jira in ce wani abu. Layi na cika a gabana, na zuba masa ido kamar ban taɓa ganin layi ba.

Ni ba mai magana ba ce. Kowa ya sani. Tun a makaranta.

Alhamis, 16 ga Afrilu

Kujerar Dogo ba kowa. Kofinsa na nan, da guntun shayin da ya bushe a ƙasa. Oga ya ce ya samu wani aiki. Ni zan riƙa sa katunan a akwati yanzu.

Asabar, 18 ga Afrilu

Na je kyamis ɗin kwanar layinmu sayen allurar Umma. Tun asuba ba wuta a unguwa. Injin Baba mai kyamis yana waje an lulluɓe shi da buhu, a kashe.

Kafin in gaishe shi na gan shi. A jikin firijin, daidai tsayin idona. Rubutun hannuna a gefe, da yadda nake karkata bakwai.

Biyar.

Baba ya ga ina kallo, ya ce, "Ai 'yata, tun da suka zo suka canja masa ɗan katin nan na samu lafiya. Da fa ko ƙofar na buɗe sai ya cika mini kunne, in tashi in ta da inji. Yanzu firijin yana riƙe sanyi yini guda. Allah ya yi wa masu ilimi albarka."

Bai san a can nake aiki ba. Ya miƙo kwalbar. Na riƙe ta a hannu. Ba zan ce da zafi ba. Amma da can in ya ba ni, sai na ji ta har cikin yatsu.

Na ce, "Baba, da dai ka ta da injin." Ya nuna mini lambar da haɓa, ya yi dariya. Na karɓa na fito.

Me ya sa na karɓa? Duk kyamis ɗin da na sani a wajen dila ɗaya suke ɗauka. Abin da na gaya wa kaina ke nan a hanya.

Litinin, 20 ga Afrilu

Na yi ta maimaita maganar a mota, da na shiga ofishin sai ta fito a karkace. Na ce, "Oga, ranka ya daɗe, akwatunan nan, kamar ba sa..."

Ya ce in zauna. Bai yi faɗa ba, da ma ya yi. Ya ce babban ɗakin sanyin dilan ne ya samu matsala, injinsa ya tsufa, ana jiran kayan gyara daga waje. Masu duba magunguna kuma katunan nan suke zarewa su karanta. In suka ga ɗumi, duk abin da ke ɗakin ƙonawa za a yi, a rufe wajen. "Sannan fa? Gari kaf ba allurar suga, ba rigakafi, wata da watanni. Maganin da ya ɗan ji ɗumi da babu magani, wanne ya fi? Ke ki faɗa mini."

Har yanzu ban san amsar ba, shi ne abin haushin.

Ya ce na ɗan lokaci ne, da an gyara za a maida hoton gaskiya. Shi da bakinsa ya ce hoton gaskiya.

Da na koma teburina Mai Turare na zaune. Ya bari na sa kati, na danna, sannan ya ce, "Malama, ya jikin Umma? Ciwon suga sai haƙuri. A wajen dattijon nan na kwanar layinku kuke saya, ko?"

Ban taɓa gaya masa ina da uwa ba.

Na ce da sauƙi. Ya ce Allah ya ƙara sauƙi. Ya faɗa da kyau, kamar ɗan'uwa.

Laraba, 22 ga Afrilu

Umma ta shanye ruwan da ke gora, ta nemi ƙari. Zafi ne, in ji ta.

Juma'a, 24 ga Afrilu

Na gwada wa Umma suga da safe, lambar ta hau inda ban taɓa gani ba. Na sake gwadawa da wani yatsan. Haka.

Sai na ji bakina yana cewa, "Umma, me kika ci? Kin sa sukari a shayi ko?" Da faɗa fa. Na ɗaga mata murya.

Ta rantse ba ta ci komai ba. Ta ce in tambayi maƙwabciya, ko lemon da ta kawo mata ba ta taɓa ba. Idonta ya cika. Ta ce, "Ko dai na ci na manta? Tsufa ne, 'yar nan, ki yi haƙuri."

Ita ke ba ni haƙuri.

Na ƙara mata allurar kaɗan, daga kwalbar nan dai. Na tafi aiki. Na rubuta kwali guda.

Asabar, 25 ga Afrilu

Umma zarya take yi tsakanin gado da banɗaki. Leɓenta ya bushe. Na zaga kyamis uku a wata unguwa. Biyu da akwatinmu a firiji, ban ko tambaya ba na juya. Na ukun ba akwati, amma da na ce daga ina suke ɗauka, sunan dai ɗaya ne.

Litinin, 27 ga Afrilu

Asibiti.

Jiya da rana ta fara amai, tana magana ba kan gado, tana kirana da sunan ƙanwarta da ta rasu. Maƙwabci ya kawo mu a motarsa. An sa mata ruwa, an yi mata tasu allurar. Kafin la'asar ta buɗe ido ta ce wa ya bar mata tukunya a wuta.

Likita ya tambaya ko tana tsallake allura. Na ce a'a. A ina kuke ajiye kwalbar? A firiji, in ba wuta a cikin kula da ƙanƙara. Ya ɗaga kwalbar yana dubawa a haske, ya ce lokacinta bai wuce ba, kuma ido ba ya gane wadda ta ji zafi. Ya ce makon nan sun ga irin haka da yawa, ƙila zafin garin ne.

Bakina ya buɗe. Wata nas ta kira shi. Ya tafi.

Da ya ƙara minti ɗaya da na faɗa. Ina jin da na faɗa.

Talata, 28 ga Afrilu

A gadon da ke kusa da namu akwai wata malamar makaranta, ba za ta girme ni ba. Tun tana yarinya take allurar suga. Ba ta farka ba tun da aka kawo ta. Mijinta yana zaune a kan benci, takalminsa ƙafa ɗaya daban ƙafa ɗaya daban, bai ma lura ba. Duk wanda ya wuce sai ya gaya masa, "Ba ta taɓa fashi ba. Ni nake tuna mata ma ta ce ta riga ni." Kamar ana tuhumarsa.

Ya ba Umma ruwan zafi daga fulas ɗinsu. Ya tambaye ni aikin me nake yi. Na ce kwamfuta.

Da na je karɓo magani a ƙarshen baranda, na leƙa ɗakin da ake yi wa jarirai rigakafi. Mata a jere a benci, kowace da nata a cinya. Firiji a lungu. Akwatinmu a jiki.

Biyar.

Na tsaya ina kallo. Zai iya zama biyar ɗin gaskiya, asibiti suna da inji. Zai iya zama tsohon kati ne, ba a kai ga canja shi ba. Daga waje ba a ganewa. Ni da na rubuta su ma ba zan gane ba sai na damƙe wayar a hannu. Nas ta ce, "Hajiya, layi ake bi." Na ce ba ni da jariri. Ta ce to me nake nema.

Laraba, 29 ga Afrilu

Na kira Dogo. Sai a kira na uku ya ɗauka. Ya tambayi Umma, ya yi mini jaje da gaske. Da na fara maganar ya katse ni. Ya ce wasu mutum biyu sun je gidansu, sun gaishe da matarsa, sun yi wasa da 'yarsa, sun sha ruwa sun tafi. Ba su ce komai ba.

"Ƙanwata, ki goge lambata. Ba don ni ba."

Kafin ya kashe ya ce in na koma in duba aljihun teburinsa, ya bar carbinsa, in ajiye masa. Dogo ba ya riƙe carbi. Da yatsu yake yi.

Alhamis, 30 ga Afrilu

An sallame mu. An ja labule a gadon malamar tun kafin mu haɗa kaya. Mijin yana tsaye a baranda, riƙe da jakarta.

Na wuce ta gabansa. Na ce Allah ya jiƙanta. Ya ce amin, na gode, ku gaida gida.

Asabar, 2 ga Mayu

Na koma aiki. Oga ya yi mini sannu, ya ce in ɗauki lokacina.

Mai Turare ya zo da 'yar kula, sabuwa, ya ajiye a kan teburina. Kwalabe a ciki, jere cikin ƙanƙara, sanyinsu har ciwo. Ya ce na Umma ne. "Wannan daga wani ɗakin ne daban, Malama. Wanda muke ajiye wa namu."

Ashe akwai wani ɗakin.

Na so in ture ta ƙasa. Na ga kaina ina turewa, kwalabe na fashewa a kan fararen takalmansa. Abin da na yi kuwa: na ce na gode, Allah ya saka. Na sa ta ƙarƙashin tebur kusa da ƙafata, na yi ta jin sanyinta a idon sawu har aka tashi.

Na yi wa Umma allura daga ciki da yamma. Ta ci abinci, ta yi barci.

Lahadi, 3 ga Mayu

Sugarta daidai. Ta zauna a ƙofar ɗaki tana tsefe kai, tana cewa in gode wa wannan bawan Allah, mutanen kirki ba su ƙare ba.

Maƙwabciya ta leƙo da jaririnta, wai ranar Laraba za ta kai shi rigakafi. Umma ta karɓe shi tana masa rawa. Na shiga banɗaki na daɗe.

Litinin, 4 ga Mayu

Mai Turare bai zo da wuri ba. Na buɗe aljihun teburin Dogo. Ba carbi. Kusoshi, tsohon burushi, da kati ɗaya a naɗe cikin takardar biskit. Katin gwajinsa ne, na tun kafin a canja hoto.

Manhajar filashin tana da maɓalli biyu. Rubuta, wanda nake dannawa kullum, da karanta, wanda ban taɓa buƙata ba. Shi yana kwaso abin da ke cikin kati ne ya maida shi fayil. Na sa katin, na danna. Don in ga ko yana aiki ne kawai.

Yana aiki. Ta tambaye ni sunan da zan ba fayil ɗin. Sai na ba shi sunan nasu, har da harafin ƙarshen, na ajiye a wata jakar kwamfuta can ciki inda hotunan bikin 'yar Oga suke.

Na rubuta shi a kati ɗaya, na sa a akwati, na damƙe wayar. Shida. Bakwai. Takwas. Na zare batirin kafin ya buɗe baki.

Ban ce zan yi komai da shi ba.

Talata, 5 ga Mayu

Aiki mafi girma gobe. Katunan babban ɗakin sanyin kansa, da na ƙananan asibitocin da ba a kai gare su ba, har da sababbin da za a sake sa wa kyamis. Masu dubawa za su fara zagaye ranar Asabar, ana so komai ya zauna kafin nan. Na tambayi Oga ko kayan gyaran sun iso. Ya ce suna hanya. Bai ɗago ba.

Mai Turare yanzu ba ya zama daf da ni. Tun ranar kula. Can bakin ƙofa yake zama inda iska take, yana kallon ƙwallo a waya. Lokaci-lokaci ya ce, "Malama, kore?" In ce kore.

Maganar Oga tana ta dawo mini. In aka ƙona, aka rufe, ina masu ciwon za su? Ina Umma za ta in kular nan ta ƙare? Na dai san mijin malamar ba wanda ya tambaye shi wanne ya fi.

Laraba, 6 ga Mayu

An gama.

Ya zo da safe, ya jona filashinsa, ya kwafa, ya koma bakin ƙofa. Na buɗe manhaja, ta ce in zaɓi hoto. Suna ɗaya ne, ga shi nan ga shi can, mutum zai iya ruɗewa. Jakunkunan kwamfutar nan sun yi yawa, na sha gaya wa Oga. Na zaɓi na jakar hotunan biki. Ta ce duk abin da ke katin zai goge, na tabbata? Na ce e.

Daga nan ba a sake zaɓa. Sai dai a zare a sa, a zare a sa. Ban tashi ko shan ruwa ba. Sau ɗaya ya taso ya tsaya a bayana, turaren ya rufe ni. Ya duba sunan fayil a sama, ya duba layin yana cika. Ya zama kore. Ya ce, "Hannunki akwai sauri, Malama." Na ce aikin ke nan.

Ba gwaji, shi ya hana. Na ɗaure kusoshi, na manna takardu da rubutuna, kowane ɗaya. Na so in bar rubutun, sai na ga ba amfani, kowa ya san teburin wa suka fito. Da la'asar motarsu ta kwashe. Gobe da jibi za su bi su saka. An ce zafin jibi zai fi na yau.

Na kai Umma gidan Gwaggo da kular, can bayan gari. Na ce ta ɗan huta kwana biyu, gidanmu zafi. Ta ce yaushe na fara yanke shawara ban tambaye ta ba. Gwaggo ta yi dariya ta ce a bar yarinya ta girma. Na biya wajen Baba mai kyamis, na ce ya sayi mai ya ajiye, zai buƙaci injinsa. Ya ce don me. Na ce ya dai saya.

In an tambaye ni, kuskure ne. Ana yi. Duk mai aikin filashin ya taɓa zaɓar fayil ɗin da ba shi ba.

Na ci abinci sosai, har na ƙara. Ban san me ya sa ba.

Wani abu kuma, ba shi da muhimmanci. Da zan fito daga shago Oga ya tare ni a ƙofa ya ce, "An gama duka?" Na ce an gama. Sai na ga ashe yana da ɗan tabo a girar hagu, tsoho, fari. Shekarun nan duk ina masa aiki, ban taɓa gani ba. Shi ya fara kawar da kai.